Dabinon Kaka a Kasuwar Osaka

Ƙanshin gasasshen dankali ne ya dawo mini da kakata, a garin da ba ta taɓa jin sunansa ba. Ina tsaye a bakin wata kasuwa mai rufi a Osaka, cikina yana kuka, aljihun rigata cike da dabino.

Bari in lissafa maka abin da ya kai ni can. Shekara goma sha huɗu ina sayar da kayan gyaran motocin Japan a Madina, duka ta hannun dillalan Jidda, ina karɓar abin da suka zaɓe suka rage. Na gaji. Na yi wa masu gareji uku a garin Yanbu alkawarin kaya daga tushe, na hau jirgi na je wurin wani tsoho mai babban yadi, wato filin ajiye injuna. Kwana huɗu gare ni. Uku suka wuce, tsohon ya nuna mini kaya, ya sunkuya ya gaishe ni yadda suke yi, amma bai ce e ba, bai ce a'a ba. A rana ta uku ɗansa ya ja ni gefe ya gaya mini gaskiya da Turancinsa mai ɗingishi irin nawa. Mahaifinsa ba ya ƙulla ciniki da mutumin da bai ci abinci tare da shi ba. Ni kuwa sau uku ana ajiye mini kwano ina dafa ƙirji ina cewa na ƙoshi. Ban ƙoshi ba. A ɗakin otal nake jiƙa garin rogo in bi shi da dabino.

Saura kwana ɗaya ke nan. Tsohon ya ɗauko mana jagora mace da za ta zaga da mu gari a ƙafa, wadda ta san abin da Musulmi ke ci da abin da ba ya ci, shi ma ya fito da sandarsa zai bi mu. Na gane cewa in na sake dafa ƙirji a ranar, hannu wofi zan koma Madina.

Sana'ar matar nan kuwa na san ta tun ina ɗan shekara tara, don ita kakata ta yi har ƙafafunta suka gaza.

Gidanmu yana unguwar Ranuna a Madina, kusa da Ƙuba, gida ne na baƙin dutse da laka, da bishiyar dabino guda a tsakar gida. Kakana aikin gonar dabino ya yi a Awali, a gefen gari, har ya rasu. Kakata kuwa tana yarinya ta zo ƙasar nan ta hanyar Sudan, yawancin tafiyar a ƙafa, don haka ba ta ɗauki tafiya a bakin komai ba. Kowace Asabar bayan sallar asuba tana tsayawa a ƙofar Harami, alhazan da suka zo daga gida ƙasar Hausa su taru a gabanta, ta kai su ziyara Masallacin Ƙuba a ƙasa. Ba ta da mota, ba ta da takarda, sai gyale mai ƙulli a gefe da muryar da ake ji daga wancan titi. Ni ina binta ne saboda ci, ba zan yi maka ƙarya ba.

Hanyar tana da matsayai, kuma kowane matsayi da abincinsa. Da farko mai burodin tamis, wanda ke manna shi a bangon tanderu ya ciro shi da ƙugiya yana turiri, a haɗa da ful, wato wake da aka dafa har ya narke, an zuba masa mai. Gaba kaɗan mai balila, wato dafaffen wake irin na Larabawa, da kaskonsa. In lokacin zafi ne, sa'ad da iska ke dukan fuska kamar an buɗe murhu, muna ratsawa ta gefen gonaki, masu aiki su miƙo mana ɗanyen dabino ta saman katanga, rabinsa rawaya rabinsa ya nuna, yana ɗiga. In lokacin sanyi ne sai shayin na'ana'a, wanda ƙanshinsa ke riga mai shayin isowa. Duk wanda ya ɗanɗana wa Kaka nasa, sai ta kwance gefen gyale ta ɗanɗana masa nata dabinon, ko da shi ma a gonar dabino yake tsaye. Haka take, kuma ban taɓa ganin wanda ya ƙi karɓa ba.

Wata Asabar cikin baƙinmu akwai wani dattijo dogo daga wajen Maraɗi. 'Yan tafiyarsa suka ce kwana biyar ba abin da ya shiga cikinsa sai garin geron da ya taho da shi, kuma garin ya kusa ƙarewa. Da muka zauna a wurin mai tamis aka kawo kwanon ful da ɗan faranti na baƙin zaitun. Idon dattijon ya sauka a kan zaitun, fuskarsa ta saki, ya ɗauka ɗinya ce irin ta gida. Ya jefa guda a baki. Gishiri da ɗaci suka buge shi, ya tofar, ya shiga goge harshe da hannun riga. Ni kuwa na fashe da dariya har ina buga ƙafa. Dattijon ya janye hannunsa, ya cusa shi cikin riga, ya ce shi ya ƙoshi.

Kaka ta dube ni sau ɗaya, dariyar ta maƙale. Ba ta roƙe shi ba, ba ta ce masa ci mana ba. Ta janyo kwanon gabanta, ta yi bismilla, ta yagi burodi, ta naɗe shi da yatsu uku, ta ɗebi ful a hankali ta kai baki. Tana ci tana tambayar wata hajiya yadda damina ta yi a wajensu, ko kallon dattijon ba ta yi. Ta ɗauki zaitun ta haɗa da burodi, ta tauna, ta fitar da ƙwallon a tafin hannu ta ajiye a gefen faranti. Can sai ga hannun dattijon ya fito daga riga. Ya yagi burodi, ya naɗe da yatsu uku. Tamis biyu ya cinye ranar, kuma shi ya riga kowa isa Ƙuba.

A hanyar komawa gida ta kama kunnena. Ta ce, "Zo nan, maigida. Kai a nan aka haife ka, cikinka Balarabe ne. Shi ba ƙyamar abincin yake yi ba, bai san ta inda ake kama shi ba ne, kuma babba ba ya son yaro ya ga hannunsa yana rawa. In ka kawo baƙo gaban kwano, kai za ka fara ci, a hankali, yadda zai gani."

Na ce, "To Kaka, ni zan riƙa fara ci kullum?"

Ta ce, "Ji mijin banza, an yi masa faɗa ya samu aiki."

Daga ranar kuwa aikina ke nan, kuma ban taɓa kuka da shi ba.

Jagorarmu ta Osaka ba ta kai ƙanwata shekaru ba. Tana riƙe da ƙaramar tuta rawaya, a wuyanta da kati da aka rubuta da rubutunsu cewa ba alade, ba giya, wanda take nuna wa duk mai abinci kafin mu tsaya. Ta fara da mu daga tsohuwar fadar garin, mai ganuwa da ruwa ya kewaye. Ni idon ɗan kasuwa gare ni, abin da na tsaya kallo shi ne duwatsun ganuwar, wani ya fi shagona faɗi, an jera su ba siminti, ko wuƙa ba za ta shiga tsakaninsu ba. Daga nan muka gangara cikin gari, muka bi ta bakin kogi inda allunan talla suka rufe gine-gine, da wata ƙatuwar ƙaguwa ta roba a saman ƙofar wani gidan abinci tana motsa ƙafafu. Muka shiga wani siririn lungu mai daɓen dutse da fitilun takarda, inda mutane ke watsa ruwa a kan wani gunki har gansakuka ya rufe shi ruf. Na tsaya daga gefe, matar ta yi bayaninta ta wuce, ba ta ce in matso ba. Tsohon yana biye da mu yana ƙwanƙwasa sanda.

Sai kasuwa, sai wannan ƙanshin dankalin, irin wanda Kaka ke binnewa cikin tokar murhun shayi da sanyi. Ban gama haɗiye miyau ba jagorar ta tsaya da mu a gaban wani mutum da tanda. Wallahi tanda ce irin ta waina, sai dai ta ƙarfe, ramukanta ƙanana. Yana zuba ƙullu, ya jefa yankan wata halittar teku mai hannu takwas a kowane rami, ya riƙa juya su da tsinke har su zama dunƙule kamar ƙosai. Matar ta nuna masa kati, suka yi magana, ta ce mini namu da gishiri kawai za a yi, ba romon da suke shafawa. Aka miƙo mana a ɗan kwanon katako, an barbaɗa busasshen kifi a sama, siraran yanka suna lanƙwashewa cikin turiri kamar masu rai.

Hannuna ya kama hanyar ƙirji. A nan na kama kaina. Maganar halal an gama ta a gabana. Abin da ya hana ni ci kwana uku shi ne ban san ta inda ake kama abincin mutanen nan ba, kuma ba na son tsoho ya ga hannun mai shekara hamsin yana rawa. Ni ne dattijon Maraɗi.

Jagorar ba ta ce mini ci mana ba. Ta ɗauki tsinke, ta huda guda, ta buɗe shi biyu, ta hura, ta kai baki, tana gaya wa tsohon wani abu game da ruwan saman da ake sa rai. Ko kallona ba ta yi ba. Na yi bismilla. Sai dai yunwar kwana uku ba ta san a hankali ba. Na manta da hudawa da hurawa, na jefa guda ɗungurungum kamar ƙosai.

Cikinsa kamar narkakkiyar dalma. Ba wurin tofarwa, don titunansu ba kwandon shara, kuma ba a tafiya da abinci a baki, a gaban mai shi ake tsayawa a cinye. Na tsaya baki buɗe ina fifita da hannu, hawaye na zuba. Tsohon ya dube ni, ya jingina sandarsa da tebur, ya soki guda, shi ma ya jefa ɗungurungum. Sai ga mu mu biyu muna huci muna fifita, mai tanda yana dariya, jagorar ta rufe fuska da tutarta. Da ya samu ya haɗiye, ya faɗi wata magana, ta fassara mini: ya ce shekara saba'in yana cin abin nan, bai taɓa koyon haƙuri ba.

Daga nan bakina ya buɗe. Na ci dankalin, na ci gasasshen kifi a tsinke, na ci wani curin shinkafa mai danƙo da aka cusa wa wake mai zaƙi. Muka zauna shan koren shayi mai ɗaci kamar shuwaka. Na girgiza kofi yadda muke yi a Madina in mun ƙoshi da gahawa, tsohon ya ɗauka ƙari nake nema, ya cika. Sau uku muna haka.

Sai na tuna gyalen Kaka. Na sa hannu a aljihu na fito da dabinon ajwa, na ajiye a gabansa. Ya ɗauki guda, baƙi, mai tamoji, ya juya shi, ya shinshina, ya saci kallon jagorar. Na ga hannunsa yana neman komawa kan sanda. Na ɗauki guda na gatsa a hankali, na fitar da ƙwallon a tafin hannuna na ajiye a gefen faranti, ina ba jagorar labarin gonakin Awali da yadda kakana ke hawa bishiya da igiya. Ban dube shi ba sai da na ji ƙarar ƙwallo a kan faranti. Huɗu ya ci. Ƙwallon na ƙarshe ya naɗe a hankici ya sa a aljihu. Da za mu rabu ya ce ɗansa zai kawo takardu otal kafin in tafi filin jirgi.

Yanzu hanyar Ƙuba an shimfiɗe ta da dutse mai santsi, shaguna a dama da hagu, da ƙananan motocin lantarki ga wanda ba ya son taka ƙasa. Alhazai a bas ake kai su, mai lasifika yana bayani, abincinsu a ƙunshe cikin roba. Gidanmu na Ranuna ya tafi, Kaka ta daɗe kwance a maƙabartar Baƙi'a, 'ya'yana in na yi musu Hausa da Larabci suke amsawa. Amma in baƙo ya sauka a gidana daga gida, Asabar a ƙafa nake kai shi, kuma ni nake fara yagar tamis.

Ga lissafin tafiyar. Na yi asarar kwana uku na yunwa da fatar ganɗa da ta yi mako tana saɓa. Na samu kayan da na yi wa mutanen Yanbu alkawari, kuma har yau daga yadin tsohon suke zuwa. Bara ɗansa ya turo mini hoton wata tukunya a bakin taga, da tsiro mai ganye biyu sirara. Ni jikan mai aikin gonar dabino ne, na san ba zai yi 'ya'ya a sanyin can ba. Duk da haka a gefen riba na sa shi.