Zakiru Mai Fassara da Matar Yayansa

Zakiru bai iya zama wuri ɗaya ba. Ya yi kabu-kabu, ya yi dillancin awaki, sannan ya kafa rumfa a bakin kasuwar Dakoro yana tura wa mutane finafinai a katin memwar na waya. Wasu ma shi yake sa musu Hausa da bakinsa, ko da bai jin yaren.

Shekarar da yayansa Ahmed ya rasu, matarsa Intalla na fita takaba, Baffa Abdulmumini, ƙanin mahaifinsu, ya kira Zakiru.

"Kai za ka riƙe ta. Ƴaƴan ɗan'uwanka ba za su tashi a gidan wani ba."

Zakiru ya sunkuyar da kai ya ce to. Daga ranar gida ya gagare shi. Yau yana Adjekoria, gobe Azagor, wai neman masu saye. Tuwo ma a tsaye yake ci.

A cikin wannan hali ya samo wani gajeren fim na ƙasar Cek, tatsuniyarsu ce ta ƙauye. An yi wa wata mata miji ba ta so, ta rikiɗa ta zama kifi. Aka jefa taru, ta zama tsuntsuwa. Sau huɗu Zakiru yana ɗaukar murya yana gogewa. A na biyar ya saki baki ya faɗi abin da ke cinsa.

Fim ya zaga gari. Ranar kasuwa sai ga Intalla a rumfa, waya a hannu.

"Zakiru, maganar da ka sa wa matar nan, tata ce ko taka?"

Ya hau lalubar caja.

"Dube ni. Ni ma ba na so. Tun kana yawo ba wando na san ka."

Dariya ta ƙwace masa, ta farko cikin wata biyu.

Da la'asar suka je wurin Baffa tare. Ita ta yi yawancin maganar. Tsohon ya kakkaɓe buzunsa ya shige ciki, sai da damina ta wuce kafin ya sake amsa gaisuwar Zakiru.

Intalla ta koma wajen danginta a Azagor tana sayar da cuku. Zakiru yakan kai wa yaran gero da takalma a kan moto. Bana kuma an ji yana tambayar kuɗin injin niƙa, yana cigiyar mai sayen rumfar.