Ludayi na Biyu

Sa'ad da nake yaro a gidanmu na Kurfi, da zarar an kai amfanin gona rumbu, Iya, mahaifiyar babanmu, takan tara mu a bakin murhunta bayan sallar isha'i. Tana tura karan dawa a wuta, mu kuwa muna binne gyaɗa a toka. Tatsuniyoyinta duk na dariya ne, ban da guda ɗaya, wadda ba ta yin ta sai mun matsa mata.

"To, ga ta nan tafe, ku matso," in ji ta, sannan ta dube ni. "Kai Sani, mijin banza, janye ƙafarka daga wuta, ba na son gurgun miji."

Labarin wani manomi ne da matarsa. Kullum da rana takan kai masa fura gona. Bisa al'ada, mace ajiyewa take yi ta juya. Shi kuwa sai ya ce ta zauna, su sha a ƙwarya ɗaya a gindin ɗorawa. Har ludayi na biyu ya sayo mata a kasuwar Dutsin-Ma. Masu wucewa suka gani, magana ta kai dandali. Abokansa suka riƙa cewa, "Malam, yau uwar ɗakinka ta ba ka izinin fitowa?" Gwaggonsa ta rantse an zuba masa wani abu a furar. Matan unguwa kuma suka ce matar ba ta da kunya.

"Ba wanda ya zage su," in ji Iya, tana gyara wuta. "Dariya kawai aka yi ta yi. Rannan ta kai fura, ya ce, 'Ajiye ki tafi,' ko kallonta bai yi ba. Ta ajiye."

"Sai me, Iya?"

"Sai mutane suka huta. Suka ce yanzu ya zama namiji."

Ƙanwata Hajo takan turo baki. "Ba dodo, ba aljani? Wannan ai ba tatsuniya ba ce!"

"Shi ya sa ba na son yin ta, kishiyata. Ku tashi, wuta ta mutu."

A jami'a na karanta tsofaffin waƙoƙin soyayya, na Larabawa da namu. Na lura kusan kowace tana da mutum na uku, magulmaci ko mai zargi, wanda masoyan ba su tare masa komai ba, amma ba ya iya ganinsu cikin daɗi. Na ɗauka ƙarin gishirin mawaƙa ne.

Iya ta rasu a shekarar da na dawo gida. Da ake fitar da kayanta, aka sami wani ludayi a ƙasan adudu, naɗe cikin tsumma, bakinsa bai ko side ba. Wata tsohuwar maƙwabciyarmu ta ɗaga shi, ta yi dariya.

"Ashe tana ajiye da shi! Kakanka ne ya sayo mata. Kai, mun tsokane su a lokacin!"

Na tuna kakana, wanda na taso ina ganin ana kai masa abinci zaure, yana ci shi kaɗai har ya bar duniya.

"Wasa ne fa kawai, ɗan nan," in ji tsohuwar, da ta ga fuskata.

Na karɓi ludayin, na mayar da shi cikin tsummansa.