Yadda Na Laƙa wa Mai Ladabi Sata a Sharar Mansur

Edita, a lokacin da abin nan ya faru ni direban tasi ne a unguwar Hindawiyya da ke Makka, Bakano mai kaifin ido. Fasinja na shiga motata zan gaya masa daga inda ya fito, kuma da wuya in kuskure. Wannan baiwar ce ta kai ni wata gasar talabijin da ake ɗauka a Jidda, inda ake shirya laifin ƙarya, a zuba 'yan wasa, a ce mu gano mai laifin. Zango uku na yi, biyu ni na zo na ɗaya. Ba cika baki ba, na iya abin. Babbar dabarata ita ce in tsare mutum da tambayoyi, duk wanda ya kasa haɗa ido da ni, to shi ne. Mutanenmu na Sharar Mansur, matattarar Hausawan Makka, suka sa min suna Mai Bincike, ni kuwa kaina ya kumbura har hula ta yi min kaɗan.

Wata rana wani mai shagon ɗinki ya aiko a kira ni. Sarƙar zinaren da wata hajiya ta ba shi ajiya ce ta ɓace, ya tara telolinsa huɗu ya ce in duba masa. Na shiga ina taƙama, jama'a sun cika ƙofa. Uku daga cikinsu haifaffun Makka ne, suka amsa min ido cikin ido da Larabcinsu. Na huɗun magidanci ne daga Maraɗi. Ya durƙusa, ya sunkuyar da kai, yana kirana Baba Alhaji, yana rantsuwa ƙasa-ƙasa cewa bai taɓa ganin sarƙar ba. Nan take na nuna shi. Ni da aka rena a Kano, na manta cewa a wurinmu ƙarami ba ya kafe babba da ido. Ladabi bawan Allah yake yi min. A talabijin kuwa biyan ɗan wasa ake yi ya kau da kai don mu gani.

Mai shagon ne kafilinsa, wato takardun zamansa na hannunsa. Bai kai shi wurin 'yan sanda ba, soke masa igama ya yi, wato izinin zama, cikin sati biyu ya sa shi a jirgi. Bayan wata guda matar mai shagon ta dawo daga Madina, ta ce ai ita ta kai sarƙar gida don ta fi tsaro a can.

Da ƙyar na samo lambar mutumin. Ya ce ya yafe, abu ɗaya kawai ya roƙa: in koma shagon in wanke sunansa a gaban jama'a. Na je na faɗa da babbar murya, amma waɗanda suka tsaya saurare ba su kai rabin waɗanda suka ji na kira shi ɓarawo ba. Kunyar ranar har yau tana cina. Da gidan talabijin suka neme ni zango na huɗu, na ce a kai kasuwa.

Har gobe idona da kaifinsa, sai dai na koyi ɗaure bakina. 'Yan'uwa, in ba ku gani da idonku ba, kada ku yanke wa mutum hukunci daga yanayin fuskarsa. Shekara goma sha ɗaya ya yi yana ciyar da 'ya'yansa da keken ɗinkin shagon nan, na raba shi da shi cikin minti goma, kuma yafiyarsa ba ta dawo masa da igama ba.