Izinin da Ridwan ya tafi yana jira

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata 14 ga Janairun 2025 Allah ya karɓi ran ɗana Ridwan a Madawa, bayan jinyar kwana huɗu, yana da shekara talatin da ɗaya.

Kai ne ɗan farina. Ban taɓa kiran sunanka ba sai yau a takarda, ban kuma taɓa yabonka a gaban mutane ba. Ranar da ka bar karatu ka sayi kamera na ce maka aikin banza ne, sinima ba ta gyara tarbiyyar kowa. Har yanzu haka nake ganin yawancinta, masu yin ta su ji.

Amma kai ba ka sa kowa rawa ba. Wata uku ka yi a Keita kana bin matan da ke jera duwatsu don tare ruwan sama. Ba ka faɗa masu abin da za su ce, ba ka ƙara kiɗa. Kakan zauna shiru har su manta da kai. Kuma ba ka nuna fuskar mutum sai ya kalli kansa ya ce ya yarda. Wata tsohuwa a Allakai ta ce zanenta ya yage a hoton. Ka cire wurin, ko da yake shi ne mafi kyau, ka kai mata sabon zane.

Bara ka ɗauke ni da kamera ina zaɓen irin hatsi ina yi maka faɗa. Sau uku ka zo da fim ɗin don in kalla.

"Inna, ki duba, minti shida ne kawai."

"Ɗauke min wannan abin daga tabarmata."

Ka yi dariya ka ce za ka jira.

Bayan sadakar bakwai abokin aikinka Shafi'i ya durƙusa a gabana ya ce fim ɗinka na ƙarshe ba zai fita ba sai da izinina, haka ka bar wasiyya. Na kalla. A cikinsa ina ta faɗa, kai kuwa hannuwana kawai ka nuna, suna ware zangarniya mai kyau. Muryarka na bayan kamera tana cewa, "To, Inna."

Shafi'i, ku nuna shi. Kada ku cire faɗan ko kalma ɗaya, domin gaskiya na faɗa. Na yarda, ɗana, na kuma yafe maka duniya da lahira.

Allah ya jiƙanka, ya haskaka kabarinka. Ina yi wa matarka Mardiya da mahaifinka Malam Yaƙubu da abokan aikinka ta'aziyya. Allah ya raya ɗiyar da ka bari, ya ba mu haƙuri, ya kyautata namu ƙarshen.

Mahaifiyarka, Hindatu, Madawa