Yatsan da Lalle Bai Kama Ba

Lokacin da benaye suke ta tsirowa a Abuja, na samu aikin gwaji a wani ɗan kamfanin buga katin biki da kalanda a Garki. Daga Nyanya nake zuwa, kuma wanda ya san cunkoson hanyar nan ya san sammako dole ne.

Oga ya kafa wata na'ura a bakin ƙofa. Ka dangwala babban yatsa, muryar wata Baturiya ta yi maka godiya, tsohuwar kwamfutar ofishinsa ta rubuta ka zo. Ya ce da ni, "Ni ba na musu da kowa. Ƙarshen wata, in kwamfuta ta ce ba ki yi fashi ba, aiki ya zama naki." Wallahi ina son aikin nan kamar raina.

Wata ya kusa ƙarewa aka yi bikin yayana. Ni ƙanwar ango guda, in shiga taro da hannu fari fat? Allah ya kiyaye! Aka yi mini ƙunshi, lalle ya kama har ya koma baƙi, na sha rawa.

Ranar Litinin na dangwala yatsa, Baturiya ta ce in sake. Na sake, ta ce in sake. Madam mai haɗa kalanda, wata 'yar Filato mai son raha, ta kama hannuna ta duba. Ta ce, "Kai yarinya, hannunka ya yi kyau, amma wannan inji bai san biki ba." Ta kawo lemon tsami, ta kawo kananzir, muka dirje har yatsan ya yi zafi. Ina! Lalle ya zauna daram. Ga Oga ya yi tafiya, kullum ina wurin aiki, kullum kwamfuta tana rubuta ban zo ba. Abinci ma ya daina shiga.

Da ya dawo ya kira ni, fuska a murtuke. Na shimfiɗa masa hannuwana a tebur. Ya bi su da kallo, sai ya tsaya a ƙaramin yatsan hagu, shi kaɗai fari.

"Wannan fa, me ya same shi?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, kai ne. Ranar ƙunshi ka yi ta kira kana neman mukullin sito. Hannuna na cikin leda, da shi na huda na danna waya, lallen ya goge."

Oga ya yi dariya har hularsa ta karkace. Ya ce, "Wadda ta amsa kirana hannu a ƙunshe ba ta fashi." Da kansa ya gyara abin da kwamfuta ta rubuta, ya yi wa ɗan yatsan rajista. Na dangwala, Baturiya ta yi godiya, Madam ta rangaɗa guɗa irin ta mutanensu, ni kuwa har da hawayen murna.

Da aurena ya zo, ina ma'aikaciya cikakkiya, na ce mai lalle ta tsallake wannan yatsan. Gwaggona ta ce, "Wace irin amarya ce da yatsa fari?" Na ce, "Gwaggo, ƙyale shi. Shi ke ci da sauran taran."