Muryar da Aka Ara wa Mai Guga

A bakin layinmu a Karantina ta Jidda, kafin a rushe unguwar, akwai wata magsala, shagon wanki da guga, mai ƙofar gilashi da ta tsage aka liƙe da salatif. Wani tsoho Ba'indiye ne a ciki. Kowa sadik, wato aboki, yake ce masa, kamar yadda ake ce wa duk Ba'indiye. Ni kuwa Ammu, wato baffa, nake cewa, idan na iya buɗe baki ke nan. Duk Alhamis ni ake aike da tob ɗin Baba, farar jallabiyarsa, da maryul ɗina, rigar makaranta. Ba na magana, sai kallo. Na san ƙaramin yatsansa na hagu a lanƙwashe yake. Na kuma san kafin ya ɗauki dutsen guga sai ya yarfa tawul a kafaɗa, ya karkatar da kai gefe guda kamar mai jiran umarni.

Kakata ba ta da aiki bayan la'asar sai kallon finafinan Indiya masu fassarar Hausa. Wata ƙawarta da ta zo umara daga Kano ce ta cika mata waya da su. Hausarsu ta fi tawa gudu, amma ina ganewa. Wata rana muna kallon wani tsohon fim, sai ɗan aikin gidan attajiri ya shigo da faranti, ya yarfa tawul a kafaɗa, ya karkatar da kai. Gashinsa baƙi wuluk.

Na ce, "Kaka, mai gugarmu ne."

"Wane mai guga? Ke da ba ki magana, ranar da kika yi sai ki kwaso shirme."

Na tsayar da fim ɗin, na nuna mata yatsan. Ta daɗe tana dubawa.

Sai da na yi Alhamis uku kafin na iya tambayarsa. Ya ajiye dutsen guga, ya kashe soket, abin da ban taɓa ganin ya yi da rana ba. Da Larabcinsa mai gutsuri-gutsuri ya gaya mini ya yi shekara ashirin yana fim da yaren garinsu, Telugu, kuma bai taɓa zama jarumi ba.

"Ni ne mai buɗe ƙofa," in ji shi. "Ni ne ɗan sandan da ake mari. Ni ne kawun amarya da ke tsaye can baya. Na mutu sau da yawa, ba a taɓa nuna jana'izata ba."

Da aka daina kiransa, ga 'ya'ya mata uku, sai ya taho Jidda. Fim ɗin da ke wayar Kaka shi kaɗai ne aka taɓa ba shi doguwar magana a ciki. Kusa da ƙarshe, ɗan aikin zai gaya wa uwar gida cewa ɗanta, wanda shi ya goya, ya rasu. Kwana uku ya yi yana haddace maganar, kuma tun da ya baro gida bai sake kallon wannan wurin na fim ɗin ba. Yanzu idonsa ya fara yana, kafili, ubangidan da ya tsaya masa, ya ce ba zai sabunta masa iƙama, takardar zama, ba, ƙarshen wata zai tafi.

"Ina so in gani, ya binti, 'yata, kafin idon ya ƙarasa."

Na san abin da ke wurin nan, kuma ban faɗa ba. Masu fassara ba sa bin maganar fim daki-daki. Idan wuri ya yi musu tsawo, ko kuka ya yi yawa, sai su sa tasu maganar don mutane su yi dariya. Shi sun ba shi wata siririyar murya, sun mai da shi makwaɗaici matsoraci. Na yi ta shirya yadda zan gaya masa, amma duk lokacin da na zo ƙofar gilashin sai kunya ta riƙe mini harshe.

Ranar Juma'a bayan la'asar ya zo, cikin farar riga mai karin guga kamar wuƙa, da ledar ayaba. Bai shiga ba. Muka fito masa da kujerar roba a ƙofar gida, Kaka ta zauna daga ciki a kan darduma, ni ina tsakiya riƙe da waya. Ya matso da fuskarsa har numfashinsa yana dusashe gilashin wayar.

Wurin ya zo. Ga shi a durƙushe gaban uwar gida, hawaye na bin gemunsa, leɓensa na rawa. Siririyar muryar ta ce, "Hajiya, ki dubi girman Allah, ba ni na cinye naman nan ba, kyanwa ce."

Dariya ta ƙwace wa Kaka. Ta saba yin ta a daidai nan. Ta yi maza ta toshe baki da mayafi, amma ya riga ya ji. Ya dube ta, ya dube ni.

"Me nake cewa?"

Da ina da saurin baki da na ƙirƙiro masa ƙarya. Ba ni da shi. Na fassara masa kamar yadda aka faɗa, ina kallon takalmansa.

"Nama," in ji shi. "Kyanwa."

Kaka ta ce, "Ma'alesh, yi haƙuri, ya sadik. Haka suke yi wa kowa, har jarumin ba su bari ba."

Ya juyo gare ni. Ya ce in mayar baya, in cire sautin. Na yi. Da leɓen mutumin cikin waya ya motsa, sai ya fara magana da yarensu, da wata murya mai kauri da ban taɓa ji a magsala ba. Kowace kalma tana faɗawa daidai kan leɓen. Ban gane ko ɗaya ba. Wata maƙwabciya da ta fito zubar da shara ta tsaya da bokiti a hannu.

Yana tsaka da magana sai ya tsaya. Mutumin cikin waya ya ci gaba da motsa baki, shi kuwa na kan kujera bakinsa a buɗe, babu abin da ke fitowa.

"Mayar."

Na mayar. Ya sake farowa, ya sake tsayawa a daidai wurin.

"Nan ne ya fi kyau," in ji shi. "Nan ne kowa ya yi shiru ranar da aka ɗauka." Ya murza idanunsa da bayan hannu. "Ya tafi."

Na ce, "Ammu, in sake mayarwa?"

"Halas, ya isa, ya binti."

Ya tashi, ya ɗauki kujerar da kansa ya jingina ta da bango, ya gode wa Kaka, ya bi layi a hankali.

Alhamis biyu bayan haka wani mutum daban na tarar a magsala. Na sha buɗe wurin nan na fim ɗin ba sauti, in ƙura wa leɓen ido daga inda ya tsaya. Maganar da ta rage ba ta da tsawo, numfashi biyu ne ko uku, daga nan uwar gida ta faɗi. Har yau ban san abin da ya ce mata ba.