Zuwa Njamena Tarbar Abakar

Kano zuwa Maiduguri

Ana kiran assalatu na bar gida a Fagge, ko koko ban tsaya sha ba, don direbobin Maiduguri ba sa jiran kowa. In ba a wuce Damaturu da sauran rana ba an rufe hanya, sai kwanan tasha. Shagon ɗinkina na bar wa abokin aikina, da ɗinkunan mutane jibge a kan keke.

Yayata Halima aure ne ya kai ta Njamena, unguwar Gassi, tun ina ƙarami. Mijinta ya rasu ya bar mata ɗa ɗaya tilo, Abakar, wanda ya taso da kokawar judo har Chadi ta sa shi cikin 'yan wasan da ta tura babbar gasar nan ta ƙasashen duniya, wadda ake haɗa gudu da iyo da dambe da kokawa duk a gari ɗaya. An kayar da shi tun a karon farko, wannan bai dame mu ba. Abin da ya taso ni daga Kano wayar Yaya ce.

"Sani, ka zo," in ji ta. "An ce shi zai riƙe tutar ƙasa ranar rufe gasa, bayan nan su sauko. Amma mutanen unguwa sun ishe ni, wai yaran da ake turawa irin wannan wasa sulalewa suke yi su zauna can. Ka zo ka tsaya kusa da ni."

Raina ya ɓaci da jin haka, kuma a ɓace na shiga mota. Yaron da duk hutu yake zuwa wajena, wanda ko bakin titi zai je sai ya sanar, shi za a ce zai gudu ya bar uwarsa ita kaɗai?

Mun tsaya Azare muka ci shinkafa da wake, muka yi azahar a Potiskum, muka shiga Maiduguri dab da magariba. Na sauka gidan Baba Modu, wani mai sayar da huluna da muka daɗe muna hulɗa. Iyalinsa ta kawo burabusko da miyar kuka, na ci na ƙoshi, amma barcin kirki ban yi ba.

Maiduguri zuwa Kusiri

Hanyar Gamboru ba a binta yadda aka ga dama. Da sassafe motoci suka yi layi a bakin gari, muka yi ta jira har rana ta ɗaga kafin sojoji masu rakiya su ba da hannu. Kowane shinge sai an sauka, a nuna katin shaida, a taka a ƙasa har a wuce, sannan a koma a cusu. Damina ce, bayan Dikwa hanyar duk ta zama taɓo. Sau biyu muka sauka turi, wandona sabo ya koma kamar na mai ginin ƙasa.

A Gamboru na canza 'yan kuɗina zuwa sefa, na taka gada na shiga Fotokol, ɓangaren Kamaru. Can na samu wata tsohuwar a-kori-kura mai zuwa Kusiri, na zauna gaba kusa da direban, wani siriri mai suna Jibrin, wanda Hausarsa rabi Larabcin Shuwa ne. Ya tambaye ni abin da zai kai ni Njamena cikin wannan ruwa, ni kuma da alfahari na gaya masa.

Ya kyalkyale da dariya har yana dukan sitiyari. "Malam, ka yi asarar kuɗin mota. Yaro ya ga Turai ko wani wuri, ya dawo Gassi ya sha zafi? Kalas, shi ke nan, wannan ya tafi."

"Ka san shi ne?"

"Ba sai na san shi ba."

"To kama bakinka ka ja mota, ba kowa ne ɗan iska ba."

Daga nan na juya masa ƙeya, ko goron da ya miƙo min a hanya ban karɓa ba. Mun isa Kusiri an riga an rufe gadar shiga Chadi, na kwana a wani ɗakin haya kusa da tasha, sauro ya yi yadda ya so da ni.

Njamena

Da safe aka buga min hatimi na tsallaka gadar Ngeli. Wani ɗan kilando, wato achabarsu, ya kai ni kasuwar Dembe, daga nan na hau kar, ƙaramar bas ɗinsu, zuwa Gassi. Tafiya ce mai nisa, an bar gari an shiga sababbin gidaje da kangwaye, kwandasta yana ta cusa mutane kamar ba numfashi za su yi ba.

Na tarar Yaya ta sa an shafe gida da farar ƙasa, an ɗaure rago a gindin darbejiya. Ta rame. Ta riƙe hannuna ta daɗe ba ta saki ba, sannan ta ce wayar Abakar ba ta shiga tun jiya, amma Alhaji ya ce haka ake yi, ana karɓe musu wayoyi kafin babban biki.

Alhaji Mahamat ƙanin mijinta ne, shi ne babba a dangi yanzu, yana sayar da gwanjo dila-dila a Dembe. Ya zo da fara'arsa har kunne. "Afe, afe, sannu da zuwa, kawun yara! Ka sha hanya. Yau za ka ga ɗanmu, duniya duka za ta gan shi." Shi ya kawo babbar talabijin, shi ya kawo janareto da mansa, shi ya sa aka kafa rumfa a tsakar gida. Har na ji kunyar cewa ban taɓa ganin girmansa sosai ba.

Ranar rufe gasa

Can ƙasar da ake wasan dare ne, mu nan rana tsaka, don haka muna idar da azahar aka tayar da janareto. Unguwa ta cika gidan, maza a gaba, mata a baya, ana zagayawa da zoɓo mai sanyi, wanda su suke kira karkanji. Yaya ta zauna a kujerar tsugunno daga gefe, ba ta shiga hirar kowa ba.

Ni ban taɓa kallon rufe gasa ba, na ɗauka irin buɗewa ce, inda ake kiran kowace ƙasa da sunanta 'yan wasanta su fito a jere. Ashe ba haka ba ne. Bayan kiɗe-kiɗe sai masu tutoci suka shigo a layi ɗaya da sauri, babu mai tsayawa, mai ɗaukar hoto yana haska wannan ya tsallake wancan. Maza ana ta musu a kan tutar wace ƙasa ce wannan, wace ce waccan.

Sai ga shuɗi da rawaya da ja sun cika allon. Gida ya ɗauki guɗa, ni ma na miƙe tsaye. Amma wadda ke riƙe da sandar wata 'yar ƙaramar yarinya ce ta can ƙasar, sanye da rigar ma'aikatan filin. Guɗar ta mutu a bakin mata.

"Ku zauna, ku zauna!" in ji Alhaji Mahamat. "Romaniya ce wannan. Kun manta tutarmu ɗaya da su? Tamu tana baya."

Kowa a wurin ya san da wannan, har yaran makaranta, ni kaɗai ne baƙon labarin. Aka yi dariya, aka ce wallahi haka ne, kullum sai an yi wannan ruɗun. Na koma na zauna, na haɗiye zancen da karkanjina.

Tutoci suka ƙare ba mu ga wata ba. Sai 'yan wasa suka ɓarko filin a cakuɗe, baƙi da fari, babu layi babu ƙasa, wai al'adar ranar ƙarshe ke nan, a nuna an zama ɗaya. Dubban mutane suna tsalle suna ɗaukar juna hoto. Alhaji ya zabura ya dangwala yatsa a allon.

"Ga shi can! Ga Abakar, bayan mai jar hula!"

Kafin in matso an haska wani wurin. Mutum biyar suka rantse sun gan shi, wata ma ta ce ya yi ƙiba. Ni ban ga komai ba, amma na ce na gani, don na fi kowa son a ce an gani. Aka ba wa waɗanda suka ci tseren ƙarshe lambobinsu, aka sauke tutar gasar aka miƙa wa garin da zai karɓi ta gaba, wani babba ya ce an rufe, wutar da ke ci tun ranar buɗewa ta yi ƙasa-ƙasa ta mutu. Aka yi ta harba wasan wuta, mutane suka watse suna yi wa Yaya barka.

Filin jirgi

Ranar da za su sauka, tun asuba Yaya take kan murhu. An yanka ragon, an yi kisar, wainar nan tasu mai faɗi, da miyar kuɓewa, irin abin da Abakar ya fi so. Muka ɗauki shatar kar guda, mata da ganguna, muka bi ta tsakiyar gari zuwa filin jirgi. Alhaji ya ce mu yi gaba, yana da kaya a kasuwa, zai same mu.

Tawagar ta fito. Manya ne a gaba, masu tumbi da manyan akwatuna, waɗanda ko gudun kaza ba za su iya ba, sun ninka 'yan wasan yawa. Bayansu yara suka fito da 'yan jakunkunansu. Na bi fuskokinsu ɗaya bayan ɗaya har ƙofar ta koma babu kowa sai mai shara.

Yaya ta nuna min mai horar da Abakar, wani dattijo mai furfura. Na sha gabansa. Da Larabci ya fara, da ya ga ban gane ba ya juya Hausa.

"Kai ne kawunsa? Ku yi haƙuri. Ana gobe rufewa ya fita daga masauki, bai dawo ba. Tutar ma yarinyar filin aka ba."

"Kuma babu wanda ya iya kiran uwarsa?"

Ya dube ni da mamaki. "Na kira baffansa a ranar. Ya ce ya sani, shi ya haɗa shi da wanda zai karɓe shi a can. Ya ce gida sun yarda."

Na juyo na gaya wa su Yaya. Mata suka ajiye ganguna. Yaya ba ta yi kuka ba, ta juya ta koma cikin kar ta zauna.

Dembe

Na ce wa direba ya bi ta kasuwa. Na tarar da Alhaji Mahamat zaune a kan dila yana shan shayi, kayan da ya ce yana da su ke nan. Ko sallama ban yi ba.

"Romaniya ko, Alhaji?"

Ya ajiye kofin. "Malam Sani, zauna mu yi magana ta manya. Yaron nan ya dawo ya yi me? Ya ɗauki dila a nan? Shekara nawa yana faɗuwa a kan tabarmar kokawa, ko takalmi gwamnati ba ta saya masa ba. Gata na yi masa."

"Ka yi masa gata, ita kuma fa? Ka zuba ido ta shafe gida, ta yanka rago, ka tara mata unguwa, ka sa yatsa a talabijin ka ce ga shi can!"

"Uwa ce, da na gaya mata da ta hana."

Ban san lokacin da na cakumi wuyan rigarsa ba. Ni da ban taɓa faɗa a kasuwa ba, sai ga ni 'yan gwanjo suna ɓanɓare ni daga jikin mutum. Muryar Yaya ce ta tsayar da ni, daga tagar mota. "Sani, sake shi. Abinci yana hucewa."

A gida ta sa aka rarraba wa maƙwabta naman da kisar, kowa ya karɓa kansa a ƙasa. Da la'asar muka rage mu biyu a ƙarƙashin rumfar da ba a kwance ba tukuna. Na fara ba ta haƙuri cewa duk an yaudare mu, ta girgiza kai.

"Ku aka yaudara. Ta Romaniya ta riga ta wuce, a hannun wani dogon Bature, kuna can kuna musu. Ni na ga biyun duka."

"Yaya! Kin sani, kika tashi da asuba kika yi wannan girki?"

Ta kalli tukwanen da aka kife. "In ya sauko ya tarar ban dafa ba fa?"

Komawa gida

Na so ta biyo ni Kano ta huta, ta ƙi, ta ce ba za ta rufe gida ba. Na ƙara kwana biyu na kamo hanya, Kusiri, Fotokol, Gamboru, taɓon nan dai da shingayen nan. Allah ya taimake ni ban haɗu da Jibrin a tasha ba, don ban san da wace fuska zan dube shi ba.

Mun wuce Potiskum wata doguwar lamba ta kira ni. Na ɗauka.

"Kawu, ni ne. Ya Iya take? Tana cin abinci?"

Na ajiye duk maganganun da na tanada tun daga Gassi. Na ce masa lambarta ba ta canza ba, na kashe wayar.

Na iso Fagge bayan la'asar, na tarar da iyali lafiya, masu ɗinki suna ta sintiri a ƙofar shago. Na gode wa Allah da ya kai ni ya dawo da ni. Na gode wa Baba Modu da iyalinsa, da matan Gassi da suka yi alkawarin leƙa Yaya safe da yamma, da dattijon nan da ya gaya min gaskiya a tsaye ba tare da kwana-kwana ba. Alhaji Mahamat ba ya cikin godiyata. Ina roƙonku ku sa Yaya Halima a addu'a. Shi kuwa Abakar, har yau bakina ya ƙi buɗuwa in yi masa, ku yi masa a madadina.